Lif ɗin Wata: zaren ya samu, saura kayan ɗauka

Kumbon da ya sauke Neil Armstrong da Buzz Aldrin a doron Wata a watan Yulin 1969 nauyinsa kusan tan 15 ne. A cikin wannan nauyi, sama da tan 10 mai ne zalla: kimanin tan 8 na sauka, fiye da tan 2 na sake tashi. Mutum biyu da kayan aikinsu da iskar shaƙarsu da gangar jikin kumbon, duk a ɗan ragowar suka matsu. Rokar Saturn V da ta ɗauko su daga Florida kuwa ta kusa tan 3,000 a lokacin tashi. Sau shida Amurkawa suka sauka a Wata a shirinsu na Apollo tsakanin 1969 da 1972, kuma dutse da ƙasar da suka dawo da su gaba ɗaya kilo 382 ne.

Wannan lissafin ne ke ci wa duk mai tunanin zirga-zirga zuwa Wata tuwo a ƙwarya. Roka ba ta da abin da za ta dafa ta tura kanta, sai ta ƙona mai ta fesar da shi baya, kuma man da za ta ƙona gobe sai ta ƙona wani yau don ɗaukarsa. Kumbon da ke dawowa Duniya yana samun rangwame, domin iska ke tare shi ta rage masa gudu, laima ta ƙarasa aikin. Wata ba shi da iska. Kowace sauka da wuta ake taka birki har ƙafa ta taɓa ƙasa, kowane tashi ma da wuta. Idan ziyara ce ta kwana uku a kafa tuta a ɗebi dutse, ana iya jurewa. Idan kuma ana maganar sansani da ma'aikata da haƙar ma'adinai, kamar yadda Amurka da Sin ke faɗa yanzu, dole a nemi wata hanyar ɗaukar kaya.

Daga nan ne maganar lif ta shigo: a shimfiɗa igiya daga doron Wata zuwa sararin samaniya, keken lantarki ya riƙa hawa da sauka a kanta da kaya.

Asalin tunanin don Duniya aka yi shi. A 1895 Konstantin Tsiolkovsky, malamin makaranta a garin Kaluga na Rasha, ya dubi labarin hasumiyar Eiffel ya ce me zai faru in an ci gaba da gini har tsayin kusan kilomita 36,000. Ba da ka ya zaɓi wannan tsayi ba. A kilomita 35,786 daga ƙasa, saman layin ikweta da ya raba Duniya kudu da arewa, abin da ke kewaya ta yana kammala zagaye ɗaya a daidai lokacin da ita ma ta juya sau ɗaya, don haka daga ƙasa sai a gan shi a tsaye cak. Shi ya sa mai kafa dish yake saita shi sau ɗaya ya ɗaure, shekara da shekaru ba a sake juya shi ba. Tauraron sadarwa na Najeriya, NigComSat-1R, a wannan falaki yake zaune tun Disambar 2011. Wanda ya hau hasumiyar Tsiolkovsky har ƙoli, in ya saki kaya daga hannunsa ba za su faɗo ba, sun riga sun shiga falaki.

Babu ginin da zai ɗauki nauyin kansa zuwa can. A 1960 wani injiniya a Leningrad mai suna Yuri Artsutanov ya juya maganar a wata jaridar Tarayyar Sobiyet: a bar gini daga ƙasa, a sako igiya daga sama. A ajiye tauraro a wancan falaki, ya zuro igiya ƙasa, ya miƙa wata sama da nauyi a ƙarshenta don daidaito. Jerome Pearson, injiniyan Amurka da bai san da aikin Artsutanov ba, ya sake gano wannan ya buga cikakken lissafinsa a 1975.

A nan ne lif ɗin Duniya ya maƙale har yau, kuma sai an fahimci dalilin kafin a ga inda na Wata ya bambanta. Wanda ya taɓa jan ruwa a rijiya mai zurfi ya san ba gugan kaɗai yake ja ba, har da igiyar. In rijiyar ta yi ta ƙara zurfi, za a kai inda igiyar za ta tsinke daga sama ko da babu guga a ƙasanta, nauyin kanta ya ishe ta. Ƙara mata kauri ba ya magani, domin kaurin nauyi ne shi ma. Kowane irin zare yana da nasa tsawon da zai iya rataye kansa kafin ya tsinke. Wayar ƙarfe mafi inganci ba ta kai kilomita 50 ba. Kevlar, zaren da ake saƙa rigar sulke da shi, yana kai kimanin 250. Zylon na kamfanin Toyobo na Japan da Dyneema da aka fara yi a Holan suna kusantar 400. Lif ɗin Duniya kuwa, ko da an lissafa cewa jan Duniya yana raguwa yayin da ake hawa, yana buƙatar zaren da zai ɗauki kusan kilomita 5,000 na kansa.

Akwai dabarar sa igiyar ta yi kauri a sama inda nauyi ya taru, ta sirance a ƙasa. Amma in da Kevlar za a yi, kaurin sama sai ya ninka na ƙasa sau fiye da miliyan 200. Shi ya sa duk fata ta koma kan zaren kabon da ake kira nanotub, wanda Sumio Iijima ya bayyana a Japan a 1991. A ƙarƙashin na'urar hangen ƙananan abubuwa ƙarfinsa abin mamaki ne. Bradley Edwards ya gina cikakken tsari a kansa da tallafin NASA, hukumar sararin samaniya ta Amurka, a farkon shekarun 2000, kamfanin gine-gine na Obayashi a Japan kuma ya sanar a 2012 cewa yana fatan kafa lif nan da 2050. Sai dai ko dogon zaren nanotub da aka yi ta yayatawa, wanda masana a Jami'ar Tsinghua ta Sin suka samar a 2013, santimita 55 ne. Da zarar an murɗa gajeru aka yi igiya da su, yawancin ƙarfin sai ya zube a mahaɗansu.

Wata kuwa lissafinsa daban ne. Jansa kashi ɗaya cikin shida ne na Duniya, kuma ƙarami ne, don haka jan nasa yana saurin raguwa in an ɗan yi nisa. Gudun da ake buƙata don kuɓuce masa kilomita 2.4 ne a daƙiƙa, na Duniya 11.2. In an auna da ma'aunin da muka yi amfani da shi a sama, igiyar Wata zaren da zai ɗauki ƙasa da kilomita 300 na kansa take buƙata. Zylon ya wuce haka. Ko an raba ƙarfinsa biyu don barin ratar kariya, kaurin sama ninki huɗu ko biyar kawai zai yi a kan na ƙasa. Zare ne da masana'antu ke sayarwa yau, ana igiyoyin jiragen ruwa da kayan motocin tsere da shi. A ganina wannan ita ce gaskiya mafi muhimmanci a duk zancen, kuma ita ce mutane suka fi rashin sani: lif ɗin Duniya yana jiran abin da ba a ƙirƙiro ba, na Wata ba ya jiran wannan.

Amma me zai riƙe igiyar daga sama? Dabarar Artsutanov ta dogara ne da saurin juyawar Duniya. Wata a hankali yake juyawa, sau ɗaya a kwana 27 da 'yan sa'o'i, kuma falakin da zai dace da wannan juyi yana da nisan da Duniya za ta ƙwace duk abin da aka ajiye a can. Abin da ya zama cikas shi ne kuma ya zama mafita. Wata yana juyawa sau ɗaya a daidai lokacin da yake kewaya Duniya sau ɗaya, shi ya sa fuska ɗaya muke gani tun kaka da kakanni. Wanda ya tsaya a tsakiyar wannan fuska, a filin da masana taurari ke kira Sinus Medii, zai ga Duniya a saman kansa kullum, tana ɗan lilo amma ba ta faɗuwa. A kan layin da ya haɗa su, kimanin kilomita 56,000 daga doron Wata, akwai gurbin da jan Wata da jan Duniya da kewayawar da suke yi suka daidaita. Ana kiransa L1, ɗaya daga cikin gurabe biyar masu ɗauke da sunan masanin lissafi Joseph-Louis Lagrange na ƙarni na 18. Duk abin da ke ƙasa da L1 Wata ke jansa, duk abin da ya haye shi Duniya ke jansa. In aka ɗaure igiya a Sinus Medii aka miƙa ta ta wuce L1 da nisa, ɓangaren da ya wuce zai rinjaya zuwa Duniya ya ɗame sauran. Duniya ce da kanta za ta riƙe igiyar.

Akwai irin wannan gurbi a bayan Wata, L2, kimanin kilomita 64,000 daga tsakiyarsa, kuma ba wuraren takarda kawai ba ne. Tun 2018 tauraron Queqiao na Sin ke kewaya L2, shi ya isar da saƙonnin kumbon Sin, Chang'e 4, da ya sauka a bayan Wata a Janairun 2019.

Friedrich Zander na Rasha ya taɓo hasumiyar Wata a rubuce-rubucensa tun 1910, ko da yake sai bayan rasuwarsa da daɗewa aka buga su. Pearson ne ya fitar da lissafin a fili a 1979, ya kuma sake zurfafa shi da tallafin NASA a tsakanin 2004 da 2005. A 2019 wasu matasan masana taurari biyu, Zephyr Penoyre na Jami'ar Cambridge da Emily Sandford ta Jami'ar Columbia, suka kai maganar iyakarta: a bar ajiye ƙaton nauyi a ƙarshen igiyar, a bar ta ta yi ta tafiya har ta zo dab da falakin da taurarin sadarwa suke, tsawon kimanin kilomita 340,000. Sun lissafa cewa igiya siririya, wadda kaurinta bai kai rabin milimita ba, za ta yi nauyin kusan tan 40. Saturn V ɗaya ta tura abin da ya fi haka zuwa Wata.

Bari mu bi kaya daga ƙasa mu ga yadda tafiyar take. Keken yana da tayoyi biyu ko fiye da ke matse igiyar tsakaninsu, da injin lantarki, da faifan sola. Babu gajimare, babu iska, babu ruwan sama. Farkon hawan ne mai wuya. Da keken ya kai tsayin kilomita 1,700, wato kwatankwacin rabin faɗin Wata, nauyinsa ya koma kashi ɗaya cikin huɗu, kuma ya riga ya kashe kusan rabin ƙarfin da tafiyar gaba ɗaya ke buƙata. Daga nan sai sauƙi, har a L1 nauyin ya ɓace ɗungum. In ya wuce, gangara ce zuwa Duniya, injin ya koma birki yana samar da wuta maimakon ya sha. Ƙarfin da ake buƙata don ɗaga kilo ɗaya daga doron Wata zuwa L1, in an cire asarar inji, bai kai yunit ɗaya na wutar mita ba. Roka kuwa, don wannan tafiyar, sai ta ƙona man da ya kusa nauyin abin da take ɗauke da shi ko ya fi.

Ƙarshen igiyar na ɓangaren Duniya yana da wata ɗabi'a da ta cancanci a tsaya a kai. Ba a ɗaure yake da Duniya ba, kuma ba a falaki yake ba. Yana bin Wata ne, yana kewaya mu sau ɗaya a wata, da gudun kimanin kilomita 400 a awa, alhali taurarin da ke wannan tsayi suna gudun sama da kilomita 3 a daƙiƙa. Saboda haka kayan da aka saki daga can faɗowa za su yi kusan kai tsaye, in suna da garkuwar zafi su ratsa iska su sauka. In an sake su daga wani wuri can sama, za su shiga dogon falaki su yi ta kewaya Duniya. Inda aka sake su shi ke yanke inda za su. Haka ma mai zuwa daga Duniya: ya isa ya yi sama har ya kusa tsayawa a daidai bakin igiyar, ya kama. Penoyre da Sandford sun ƙiyasta cewa wannan zai rage man zuwa doron Wata ya koma kusan kashi ɗaya cikin uku.

Kada a ruɗe, wannan lif ba zai ɗauki kowa daga Kano ko Yamai ba. Mafi tsadar tafiyar, wato ɓallewa daga doron Duniya, yana nan daram a wuyan roka. Kuma ba na ganin mutane za su hau shi ko da an kafa. In keken yana gudun kilomita 200 a awa, kwana 12 zai yi kafin ya kai L1, igiyar gaba ɗaya kuma sama da wata biyu. 'Yan sama-jannatin Apollo kwana uku suke yi su isa. Duk kwanan da mutum ya ƙara a can yana shan radiyeshin ne ba tare da kariyar Duniya ba. A watan Agustan 1972, tsakanin tafiyar Apollo 16 da ta 17, Rana ta yi wata babbar fashewa da za ta iya jikkata duk wanda ta riska a waje. Wanda ke rataye a tsakiyar igiya ba shi da mafaka. Hanyar kaya ce wannan: ruwa, iskar oksijin, ƙarfe, kayan gyara, abubuwan da ba su damu da daɗewa a hanya ba.

Ko kayan ma kaɗan-kaɗan za a fara. Igiyar tan 40 ɗin nan, ko ta Zylon ce, nauyin da zai tsinka ta a doron Wata bai kai kilo 400 ba, kuma babu injiniyan da zai ɗora mata fiye da rabin haka. Abin da ke ceton lissafin shi ne saurin raguwar nauyi: kafin awa tara keken farko ya yi nisan da zai ba na biyu damar tashi. Sannan kekunan farko suna iya ɗauko ƙarin zare suna liƙawa, igiyar tana ƙara kauri da kanta.

To wane kaya? Nan ne nake ganin maganar ta tsaya ko ta faɗi. A Oktoban 2009 NASA ta buga ragowar roka a ramin Cabeus da ke ƙuryar kudu ta Wata, kumbon LCROSS ya bi ƙurar da ta tashi ya ga ruwa a ciki. Na'urar da ke kan kumbon Chandrayaan-1 na Indiya ita ma ta nuna alamunsa, kuma daga bayananta aka tabbatar da ƙanƙara a ramukan da rana ba ta taɓa leƙawa ba. Ruwa in an raba shi da lantarki yana ba da haidurojin da oksijin, wato man roka mafi ƙarfi da ake amfani da shi. Ƙasar Wata kanta sama da kashi 40 cikin ɗari na nauyinta oksijin ne da ke ɗaure a cikin ma'adinai. In ana iya haɗa mai a Wata a hau da shi L1 da wutar sola, an samu gidan mai a wurin da ya fi kowane dacewa: kumbon da zai tafi Mars, ko wanda zai gyara taurarin sadarwa, ba sai ya taso da duk mansa daga Duniya ba. Ana yawan ambaton iskar hiliyom-3 a matsayin dukiyar Wata, amma tashar wutar da za ta yi amfani da ita ba a gina ta ba tukuna, don haka ban sa ta a lissafi ba.

Har yau babu wanda ya haƙo ko kofi ɗaya na ruwan nan. Chang'e 5 ya dawo da giram 1,731 na ƙasa a 2020, Chang'e 6 ya kawo kimanin giram 1,935 daga bayan Wata a 2024. Da giram ake lissafin abin da ke fitowa daga Wata a zamaninmu. Ga kuma nisa: ƙanƙarar tana ƙurya, gindin igiyar yana tsakiya, tsakaninsu kimanin kilomita 2,700 na duwatsu da ramuka. Pearson ya ba da shawarar a yi wa igiyar reshe da zai karkata ya sauka kusa da ƙuryar, a ƙarasa da layin da aka ɗora a kan turaku. Yana yiwuwa a takarda, amma kowane karkata yana rage abin da igiyar za ta ɗauka.

Akwai wata fa'ida da ba a cika ambata ba. A Nuwamban 1969 Apollo 12 ya sauka kimanin mita 160 daga Surveyor 3, kumbon da ya riga shi zuwa da shekara biyu da rabi. Da Pete Conrad da Alan Bean suka yanko sassansa suka dawo da su, sai aka ga ƙurar da injin saukarsu ya feso ta kankare jikinsa ta huda shi da ƙananan ramuka. Inda babu iska, ƙurar da roka ta tayar ba abin da ke tare ta, kuma ƙurar Wata kaifi gare ta. Sansanin da manyan kumbuna za su riƙa sauka kusa da shi kowane mako zai sha wannan a faifan solarsa da madubansa. Kayan da suka sauko ta igiya ba sa tayar da komai.

Abin da ya fi ba ni tsoro game da igiyar shi ne tsakuwoyin sama. Ƙwayar da ba ta kai ƙwayar yashi ba, in ta zo da gudun kilomita goma ko ashirin a daƙiƙa, ta isa ta datse zare siriri. An gani. A 1994 NASA ta saki igiyar kilomita 20 a gwajin SEDS-2, ba ta cika kwana biyar ba wani abu ya yanke ta. Wata igiyar kuma da ta fi ta kauri, mai tsawon kilomita 4, TiPS, da aka harba a 1996, ta yi shekara goma kafin ta rabu. A Fabrairun 1996 igiyar gwajin haɗin gwiwar Amurka da Italiya ta ƙone ta tsinke daga jikin kumbon Columbia bayan an warware kilomita 19.7, wutar lantarki ce ta huda rufinta. Mafi tsawo da aka taɓa warwarewa a sama ita ce ta gwajin YES2 na ɗaliban Turai a 2007, kusan kilomita 32. Ta Penoyre da Sandford ta ninka wannan sau dubu goma, kuma yawan tsawo yawan wurin da za a buga. Maganin da aka sani shi ne kada a yi zare ɗaya: a yi faffaɗan kirtani, ko raga mai layuka da yawa da aka haɗa da gicce, irin wadda Robert Hoyt da Robert Forward suka tsara a shekarun 1990, ta yadda in layi ɗaya ya yanke maƙwabtansa su karɓi nauyin kafin keken gyara ya iso. Wannan yana nufin ƙarin nauyi, kuma tan 40 ɗin ya zama somin-taɓi.

Zaren ma yana da nasa rauni. Zylon yana lalacewa a hasken rana, kuma a Amurka an taɓa janye rigunan sulken da aka yi da shi saboda ƙarfinsu na raguwa da tsufa. Dyneema yana narkewa a kusan digiri 150, yana kuma miƙewa a hankali in an daɗe ana jansa, ga shi rana a tsakiyar Wata tana kai digiri 120. Dole a yi wa igiyar rufi, rufin da tayoyin keke ba za su kankare ba. Sannan Wata ba ya zama a nisa ɗaya: a kowane zagaye yana kusantowa zuwa kimanin kilomita 363,000 ya koma 405,000. L1 yana matsawa da dubban kilomitoci, ɗamewar igiyar tana hawa tana sauka, kowane keke mai tafiya kuma yana tura ta gefe. Waɗannan matsaloli ne na injiniyanci, ba dokar halitta ce ta hana ba, amma babu ɗaya daga cikinsu da aka gwada a wurin da za a yi aikin.

Gwaje-gwajen keken ma ƙanana ne. A 2009 kamfanin LaserMotive ya ci dala 900,000 a gasar NASA da keken da ya hau igiyar kusan kilomita ɗaya da aka rataye a jirgi mai saukar ungulu, yana samun wuta daga hasken leza. A 2018 Jami'ar Shizuoka ta Japan ta aika ƙananan taurari biyu da igiyar mita 10 a tsakaninsu da ɗan keke a kai. Kamfanin LiftPort ya tara sama da dala 100,000 daga jama'a a 2012 don fara aikin lif ɗin Wata, har yau ba a kafa komai ba.

Kuma igiyar ba ita kaɗai ke neman wannan aiki ba. Gerard O'Neill na Jami'ar Princeton ya tsara a shekarun 1970 wani dogon layin maganaɗisu da zai riƙa cilla kaya daga doron Wata da lantarki. Yana da sauri, ba ya tsoron tsakuwa, amma jifa kawai ya iya, ba ya saukar da komai, kuma abu mai rauni ba zai jure fizgarsa ba. Hans Moravec ya kawo gajeriyar igiya mai juyawa a falaki, wadda bakinta zai riƙa taɓo ƙasa ya ɗauki kaya. Babban abokin hamayya kuwa ita ce rokar kanta: in kumbunan da ake sake amfani da su suka fara shan man da aka haɗa a Wata, tsadar sauka da tashi za ta faɗi sosai. Hasashena shi ne roka za ta yi shekarun farko ita kaɗai, ita za ta kai injinan haƙa, ita za ta nuna ko ƙanƙarar tana haƙuwa. Sai kaya sun kai tan ɗaruruwa a shekara sannan igiya za ta biya kuɗinta. Abin da bai kamata a jira ba shi ne gwajin: a rataye kirtanin 'yan ɗaruruwan kilomita kusa da L1, a bar shi shekaru, a ƙirga ramukan da tsakuwa ta yi masa, a auna yadda rana ta ci rufinsa. Babu lissafin kwamfuta da zai maye gurbinsa.

Saura maganar da ta shafi ƙasashe irin namu kai tsaye. L1 ɗaya ne, layin da ya haɗa shi da tsakiyar fuskar Wata ma ɗaya ne. Yarjejeniyar sararin samaniya ta 1967 ta hana kowace ƙasa mallakar Wata ko wani yanki nasa, amma ta bar wa kowa mallakar abin da ya harba. Wanda ya fara shimfiɗa igiya ba zai ce wurin nasa ne ba, zai ce igiyar tasa ce, kuma kada kowa ya matso don gudun haɗari. A aikace bambancin kaɗan ne. An taɓa yin irin wannan a falakin taurarin sadarwa: a 1976 wasu ƙasashen da ke kan layin ikweta, ciki har da Kenya da Uganda da Zayar da Kongo, suka taru a Bogota suka ce ɓangaren falakin da ke samansu nasu ne. Ba wanda ya saurare su, domin waɗanda ke da roka sun riga sun fara cika gurabe. Najeriya da Ruwanda sun sa hannu a yarjejeniyar Artemis ta Amurka kan ƙa'idojin aiki a Wata da sararin samaniya a Disambar 2022, su ne na farko a Afirka. Afirka ta Kudu da Masar kuma sun shiga shirin tashar Wata da Sin da Rasha ke jagoranta. Kwamitin Majalisar Ɗinkin Duniya kan amfani da sararin samaniya cikin lumana, wanda ke zama a Biyena kuma Najeriya ke cikinsa, ya kafa rukunin aiki kan albarkatun sama a 2021. Can ne ya kamata wakilanmu su nemi a rubuta tun yanzu cewa duk igiyar da ta mamaye L1 dole ta ɗauki kayan kowace ƙasa a kan farashi ɗaya da aka bayyana, kuma mai ita ne zai biya in ta tsinke ta faɗo ta ratsa falakin da NigComSat-1R yake.